Bulo ya kai layi uku kafin alƙali ya zauna: yadda kotu ke duba umarnin wucin gadi a rigimar hanya

Rigimar hanya a Maradi ba a kan manyan tituna take tashi ba, don tun bayan ambaliyar Gulbi ta 1945 da anka maido garin bisa tudu anka yanka shi layi-layi, titi ya san wurinshi, kare, wato yankakken filin gida, ya san wurinshi. Cikin karen ne matsalar take. Kaka ya samu fili guda, ya rasu, ɗiya sunka raba, jikoki sunka sake rabawa, yau gida guda ya zama huɗu kuma biyu daga ciki ba su taɓa titi ko ta ina, sai ta wani ɗan lungu da kowa ya san na kowa ne amma babu takardar da ta ce haka. Muddin dangi ne a gaba da baya ba ka jin komi. Ranar da na gaba ya saida ma baƙo, ranar ake fara jin kalmar borni, wato alamar iyaka, da jiyometir, wato mai awon fili.

Haka ta faru ga gwaggota. Ita ce ta samu ɓangaren baya a rabon gado, tana zaune da ɗiyanta da jikoki, lungun da suke bi faɗinshi dai-dai kurar mai ga-ruwa ta shige ba tare da ta goge bango ba. Ɗan yayanta ya saida na gaba ma wani Alhaji ɗan kasuwa, Alhaji ya kawo mai awo, mai awo ya ce lungun na cikin abin da anka saya. Ranar wata Alhamis sai ga motar rairai ta juye a bakin lungun, Juma'a anka haƙa tushe, kafin Lahadi bulo ya kai layi uku, an bar musu wata 'yar kafa da mutum zai bi a karkace. Na je na iske gwaggo zaune bisa tabarma tana kallon jarkokin ruwa da yara ke miƙowa ɗaya-ɗaya ta saman bulon, abin da ta fara ce mini shi ne, "ɗana, in na mutu ta ina za a fidda makarata?" Wannan tambayar ita ta sa na zauna na koyi abin da zan faɗa a nan, don kafin nan ni ma abin da na sani game da jistis shi ne ka kai ƙara ka jira.

To jiran shi ne ba ya yiwuwa a rigimar hanya. Shari'ar fili in ta yi sauri sai ta ci watanni, sau da yawa shekaru, mai gini kuma sati biyu ya ishe shi ya kai linta ya zuba dal. Shi ya sa dokar tsarin shari'ar farar hula, wadda tamu ta yanzu ta 23 ga Afrilu 2015 ce, ta buɗe wata gajeriyar ƙofa da masu shari'a ke ce ma refere. Ma'anarta a taƙaice, ka je gaban shugaban kotu ko alƙalin da ya wakilta, a kira abokin rigimarka shi ma ya zo, a saurare ku cikin kwanaki, in abin ya yi tsanani ma ana iya neman izinin a sa awa takamaimai ko da ranar hutu ce, alƙali ya ba da umarni na wucin gadi, a tsaida gini, ko a buɗe hanya, ko a maida wuri yadda yake da. Akwai kuma wata ƙofar ta biyu inda alƙali ke sa hannu bisa takardar roƙon mutum guda ba tare da an kira ɗayan ba, ita wannan an ƙuntata ta sosai, kuma wanda abin ya faɗa ma yana da damar komawa gaban alƙalin nan dai ya ce ranka ya daɗe ba ka ji ta bakina ba, a janye.

Abin da mutane ba su ganewa, kuma shi ne tushen rabin ɓacin ran da ake yi a ƙofar kotu, alƙalin refere ba shi da ikon cewa hanyar ta wane ce. An hana shi. Shi aikinshi ya riƙe wuri kada ya lalace kafin babbar shari'a ta zo. Dokar ta ba shi hanyoyi kamar biyu da sunka shafe mu, ta farko in akwai gaggawa ya ɗauki matakin da babu wata ƙwaƙƙwarar jayayya a kanshi, ta biyu kuma, ko da akwai jayayya mai ƙarfi, yana iya ɗaukar matakin kariya ko na maida wuri yadda yake don ya tare wata ɓarna da ke dab da aukuwa ko ya kawo ƙarshen wani cin zali da ke a bayyane ƙarara. Rigimar lungu kusan kullum ta ƙofa ta biyun take shiga, saboda jayayya dai akwai ta, Alhaji na da takardar saye da tambari, gwaggo na da shekara arba'in tana bin wurin. Abin da abokanmu, wato lauyanmu, ya gaya ma alƙali shi ne ba mu zo a ce lungu namu ne ba, mun zo ne saboda mutum ya yanke ma kanshi hukunci da bulo alhali kotu ba ta yi magana ba, kuma gidan da mutum goma sha wani abu ke kwana ya wayi gari ba mafita. Nan ne ƙarfin maganar yake. Wanda ya toshe hanyar da ake bi jiya da shekaranjiya, ko da a ƙarshe shi ke da gaskiya, ya riga kotu, kuma wannan rigayen shi ne alƙalin gaggawa ke iya warwarewa.

Amma kada wani ya ɗauka shekara arba'in ɗin nan ita kaɗai hujja ce, nan mutanenmu da yawa ke faɗuwa. Dokar farar hula da munka gada daga Faransa, wadda asalinta 1804 ne, ta raba abu biyu. In filinka a kulle yake ba ya da mafita zuwa hanyar gwamnati, aya ta 682 ta ba ka haƙƙin neman hanya ta filin maƙwabci, amma da biyan diyya gwargwadon ɓarnar da hanyar za ta yi mishi, kuma a bi ta inda ya fi kusa da titi kuma ya fi ƙarancin cutarwa. In kuwa kana da wata mafitar, kawai dai wannan ta fi maka sauƙi ko ta fi kusa da masallaci, to aya ta 691 ta ce irin wannan haƙƙin na wucewa ba a samunshi da daɗewar amfani, sai da takarda, ko da tun kakanni ake bi. Mutum ya zo da tsoffi biyar su rantse tun zamanin Diori ake bin wurin, alƙali ya tambaye shi ba ka da ƙofa ta yamma? ya ce akwai amma ta yi nisa, shi kenan magana ta canza. Sannan in kullewar ta samo asali ne daga rabon fili guda, ta gado ko ta saida wani yanki, to a cikin filayen da anka raba ɗin za a nemi hanyar, ba za ka je ka ɗora ma maƙwabcin da bai san hawa ba bai san sauka ba. Wannan ya taimaki gwaggo ƙwarai tunda gidanta da na Alhaji asalinsu kare guda ne.

Sai dai fa ba kowane fili ne wannan dokar ke hawa kai tsaye ba. A tsarin kotunanmu, wanda dokar 1 ga Yuni 2018 ta sake fasaltawa, rigimar mallakar ƙasa da ba ta da rajista ko takardar da doka ta yarda da ita, al'adar masu rigimar ake bi, alƙali ya zauna da masu ba shi shawara kan al'ada. Al'adarmu kuwa a nan ta cuɗe da fiƙihun Malikiyya, kuma can ma maganar hanya ba baƙuwa ba ce, akwai hadisin da ya ce in anka yi saɓani kan hanya a sa faɗinta zira'i bakwai, akwai kuma hukuncin Sayyidina Umar da ya tilasta ma Muhammad ɗan Maslama ya bar Dahhak ɗan Khalifa ya ratsa da magudanar ruwa ta gonarshi tunda ba ta cutar da shi. Don haka tambayar farko da lauya mai hankali zai yi maka ita ce wace takarda ke bisa filin, titir fonsiye ne, wato takardar mallaka mai rajista, takardar lotisma ce, wato ta yankan filaye da meri ke yi, ko takardar shaidar saye ce da anka rubuta gaban mai unguwa. In kuma ya kasance lungun yana cikin taswirar lotisma a matsayin titi, to ba na Alhaji ba ne ba na gwaggo ba ne, na jama'a ne, ba ya sayuwa kuma ba ya zama na mutum don ya daɗe a kai, can maganar ta koma wata daban da meri a ciki.

Mu dai alƙali ya ba mu umarni cikin kwanaki kaɗan, a tsaida gini, a cire bulon da ya tare lungun, kuma ya ɗora tara ta kowace rana in ba a yi ba, abin da suke ce ma astarant. Abin da ya fi yi mana amfani a zaman nan ba shaidu ba ne, takardar wisiye ce, wato ma'aikacin shari'a mai zuwa ya gani da ido ya rubuta, kuma mai zartar da umarnin kotu. Mun kira shi tun ranar Asabar ya zo da mita ya auna, ya ɗauki hoto, ya zagaya gidan gwaggo ya rubuta cewa babu wata ƙofa ta kowace kusurwa, ya rubuta layin bulo nawa ya iske da ƙarfe nawa. Alƙalin gaggawa ba ya da lokacin sauraron tarihin zuri'a, abin da ido ya gani anka rubuta shi yake so. Na ga mutane sun kashe kuɗɗi wajen ɗauko tsoffi daga ƙauye sun bar wannan, sai ranar zama ɗayan ya ce ai katangar ta shekara biyu a wurin, kuma ba mai iya ƙaryata shi.

Yanzu ga inda nake son a tsaya da kyau, wato abin da ke biyo bayan umarnin. Alhaji ya yi apel, wato ya ɗaukaka ƙara, haƙƙinshi ne, kuma wa'adin apel na refere gajere ne, kwanaki ne ba watanni ba, wanda ya tsaya shawara da dangi sai ya iske ƙofa ta rufe. Abu na farko, apel ba ya tsaida umarnin. Umarnin refere ana zartar da shi nan take ko an ɗaukaka ƙara, in ba haka ba ai ba shi da amfani, kowa sai ya yi apel ya ci gaba da gini. Alhaji bai yarda da wannan ba sai da lauyanshi ya lissafa mishi tarar kwana goma. Abu na biyu, kuma wannan ya shafe mu ne mu da munka ci, wanda ya zartar da umarnin wucin gadi bisa wuyanshi yake yi, in kotun sama ta rushe umarnin ana iya dawowa a ce ka biya ɓarnar da ka jawo. Shi ya sa lauyanmu ya hana yaran gida su taɓa bulon da hannunsu, ya ce a bar wisiye ya yi, a cire a jera a gefe kada a fasa ko guda.

To mi kotun apel ke dubawa? Gwaggo ta ɗauka can ne za a ce mata hanya taki ce har abada, Alhaji ya ɗauka can ne za a duba takardar sayenshi a ce fili nashi ne ya gina abinshi. Duka biyu ba haka ba ne. Kotun apel tana sake duba maganar gaba ɗaya, abin da ya faru da abin da doka ta ce, amma da hular alƙalin gaggawa take zama, ikonta bai wuce nashi ba. Tambayoyinta su ne, shin akwai gaggawa ko ɓarnar da ke tafe da gaske, shin cin zalin a bayyane yake ko sai an tona takardu an fassara kafin a gan shi, shin alƙalin farko ya tsallaka ya yanke asalin rigimar alhali ba hurumin shi ba ne, shin matakin da ya ɗauka ya yi dai-dai da cutar ko ya wuce gona da iri, kuma shin an kira ɗayan yadda ya kamata an ba shi lokacin kare kanshi. Umarni da yawa a kan na ukun nan suke mutuwa. Alƙali ya ji tausayi ya rubuta cewa mai ƙara na da haƙƙin wucewa ta filin wane, kalma guda kenan amma ta zama hukuncin mallaka, kotun sama ta ce wannan na babbar shari'a ne, ta rushe, alhali da ya rubuta a buɗe hanya yadda take kafin ranar kaza har kotu ta yanke, da umarnin ya tsaya daram.

'Yan uwanmu na Katsina da Kano da muke hulɗa da su kullum ta Dan Issa da Jibiya, nasu tsarin na Ingila ne kuma ya ɗan bambanta, na ga 'yan kasuwa na kawo labarin can suna auna nan da shi. A can alƙali yana auna ko akwai magana mai nauyi da ta cancanci shari'a, da wanda zai fi cutuwa in an ba da umarni ko an hana, da ko kuɗɗi za su iya gyara ɓarnar, ma'aunin da ya samo tushe daga shari'ar American Cyanamid ta 1975 a Ingila, kuma Kotun Ƙolin Najeriya a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya ta 1989 ta ja kunne sosai kan ba da umarni a bayan idon mutum. Mai nema kuma yakan ɗauki alkawarin biyan diyya in ya tashi ba shi da gaskiya. Kotun ɗaukaka ƙara a irin wannan tsari ba ta cika canza abin da alƙalin farko ya gani ba don kawai ita da ta ga daban, sai in ya bi ƙa'idar da ba ita ba, ko ya manta da abin da ya kamata ya duba, ko ya yi abin da hankali ba zai ɗauka ba, haka ma abin yake a Amurka. Namu na apel ya fi nasu faɗin hannu wajen sake auna hujja. Daga can in mutum bai gamsu ba sai Yamai, kotun ƙoli, wadda a 2023 anka haɗe ta cikin Kotun Ƙasa, ita kuma ba ta sake auna lungu, doka kawai take dubawa ko an bi ta.

Ra'ayina a nan, kuma ina faɗinshi ne a matsayin wanda ya ga abin a gidansu, ma'aunin da ya kamata ya fi kowane nauyi wajen alƙalin farko da na apel shi ne wace ɓarna ce ke gyaruwa wace ce ba ta gyaruwa. In an tsaida Alhaji wata shida kuma ya zo ya ci shari'a, asararshi siminti ne da ya daskare da kuɗɗin hayar shagon da bai samu ba, abu ne mai lissafi, ana iya biya. In an bar shi ya gina bene bisa lungun kuma gwaggo ta zo ta ci shari'a bayan shekara uku, wa zai rushe bene? Kowa ya san yadda ake yi, za a taru a ce Hajiya ki yi haƙuri a ba ki wani abu ki tashi, ta saida gidan ubanta da arha tunda gida marar hanya ba mai saye sai shi Alhajin. Kenan wanda ya ci wucin gadi sau da yawa shi ya ci duka, ko da takarda ta ce ba a taɓa asalin magana ba. Shi ya sa nake ganin in gida ya kulle gaba ɗaya bai kamata a yi jinkirin buɗewa ba, kuma bai kamata kotun apel ta rushe irin wannan umarnin don wani ɗan kuskuren lafazi ba tare da ta maye gurbinshi da wanda ya dace ba, tunda ikon hakan na hannunta.

Amma gaskiya ɗayan ɓangaren ma na da abin faɗi, kuma na ga an zalunci masu gini da wannan ƙofar. Mutum ya sayi fili da guminshi, ya ci bashi, maƙwabci na da ƙofa biyu amma ya saba yanke ta filin lokacin yana kango, ya ruga kotu ya samu umarnin tsaida gini, daga nan ya miƙe ƙafa, bai shigar da babbar ƙara ba, bai neme ta ba, don abin da yake so ya riga ya samu. Wucin gadi ya zama na dindindin, damina biyu ta wuce bisa tushen ginin mutum. Umarnin refere ba ya ɗaure alƙalin babbar shari'a, kuma ana iya komawa a nemi a canza shi ko a janye in wani sabon abu ya faru, misali meri ta buɗe titi ta baya ko mai ƙarar ya sayi filin da ya ba shi mafita, sai dai kafin talaka ya gane yana da wannan damar ya gaji. Maganin da nake gani shi ne alƙali ya riƙa sa wa'adi cikin umarnin, wanda ya nemi a buɗe hanya ya shigar da babbar ƙara cikin lokaci kaza in ba haka ba umarni ya faɗi, kuma ya faɗi faɗin hanyar da mita, kada a ce a buɗe hanya kawai a bar wisiye da maso, wato magini, suna gardama ko ta ƙafa ce ko ta amalanke ko ta mota. Shi ma wanda anka tsaida ba sai ya jira ba, yana iya shigar da babbar ƙarar da kanshi.

Sannan ga nisa. Shekaru da dama duk apel na Maradi Damagaram yake tafiya, kilomita ɗari biyu da wani abu, ga kuɗɗin mota ga na lauya ga kwana, don haka duba na biyun da doka ta ba kowa a aikace mai hali ne ke samunshi. Wanda ke Dakoro tashi wahalar ta fi. Umarnin da anka ba da cikin sati guda in apel ɗinshi ya ɗauki wata takwas, to an kashe ma'anar gaggawar.

A karkara maganar ta fi wannan zafi don can hanya ba ta mutum kaɗai ba ce, ta dabba ce. Burtali, a ƙarƙashin dokar karkara ta 2 ga Maris 1993 da dokar kiwo ta 20 ga Mayu 2010, dukiyar jama'a ce, ba gonar kowa ba, kuma akwai kwamitocin ƙasa da ake ce ma Kofo tun daga gari har departama da aikinsu ya haɗa da shata shi da sa mishi alama. Rigimar karkara kuma sai ta fara bi ta hannun sarakuna, mai gari ko hakimi ko sarki, a gwada sulhu a rubuta takarda ko an shirya ko ba a shirya ba, kafin kotu. Wannan tsari na da kyau, amma lokaci a can damina ce ke riƙe da shi. Manomi ya ci burtali da shuka a watan Yuni, garke zai gangaro daga arewa bayan girbi, in ba a warware ba kafin nan ba takarda ce za ta yi magana ba. Duk ɗan jihar nan da ya kai wasu shekaru ya san abin da ya faru a Toda a 1991, inda anka kashe mutum sama da 100, mafi yawansu mata da yara na Fulani. Matakin wucin gadi da anka ɗauka da wuri, ko na sarki ko na alƙali, a ce kada a shuka nan ko a bar faɗi kaza har a auna, a irin wannan wuri ran mutane yake karewa.

Komawa ga lungunmu, kafin mu je kotu mun bi ta wajen mai unguwa, ya kira Alhaji, Alhaji ya ce to ranka ya daɗe na ji, da dare maso ya ƙara layi. Ban ce a daina zuwa wajen masu unguwa ba, yawancin irin wannan rigima can take mutuwa kuma ya fi arha ya fi barin zumunci, amma ka je da safe, in ka ga rairai na ƙaruwa da marece ka kira wisiye, biyun ba sa hana juna.

Kotun apel ta tabbatar da tsaida gini da buɗe lungun, amma ta cire wata jimla da ta ce alƙalin farko ya yi nisa a cikinta, ta kuma rage tarar. Na karanta ma gwaggo takardar ina fassara mata, ta saurara har ƙarshe ta ce, "to yanzu hanyar tawa ce ko ba tawa ba ce?" Na ce gwaggo ba a kai nan ba tukuna, an dai ce ki ci gaba da bi har a yanke. Ta yi shiru, can ta ce in gaya ma mai ga-ruwa gobe ya shigo da kurarshi har ƙofar ɗaki. Babbar shari'ar na nan ana ta ɗagawa, lauya ya ce mu shirya ma maganar diyya don ko an ba ta hanyar mai yiwuwa a ce a biya wani abu, yaran gida sun fara tara kuɗɗin. Bulon Alhaji na jere a gefen lungun inda wisiye ya sa anka aje, damina ta sa ciyawa ta fito tsakaninsu, kuma shi da gwaggo suna gaisawa in sun haɗu a bakin titi.